Surukin Da Ya Zo Da Allura

'Yan uwa, na ga saƙonninku, na kuma ga masu zagina don na yi shiru kwana biyu. Ku yi haƙuri, gidanmu ne ya hautsine. Wadda ta rubuto wai in na ga dama in auri karen, na gode ƙwarai, Allah ya ba ki uba irin nawa ki ji yadda ake ji.

Ga wanda yau ya fara karanta ni, sunana Arinola, 'yar Oke-Ado a nan Ibadan. Shekarata talatin da ɗaya, wato a lissafin Momi na kusa karɓar fansho. Mu uku aka haifa, yayyena maza biyu duk suna ƙasar waje, amma ka tambayi Dadi zai ce maka 'ya'yansa huɗu ne. Na huɗun shi ne Gomina, jan kare mai farin ƙirji da Dadi ya tsinto yana kwikwiyo a tashar jirgin ƙasa, shekarar da zai yi ritaya. Tun ina sakandare aka ƙwace min autanci, kuma ban samu inda zan kai ƙara ba.

Gomina na da matashinsa a ƙarƙashin kujerar Dadi a falo. In an kawo amala, tuwonmu na garin doya, lomar farko tasa ce. Saurayina na baya, wani ɗan banki mai yawan turare, ya shigo gaisuwa, Gomina ya shinshina masa takalmi, sai saurayin ya janye ƙafa ya ce, "Don Allah a kore min wannan abin." Dadi ya tashi a tsanake ya buɗe ƙofa, ya ce da shi ya gaida gida. Ko ruwa bai sha ba.

To kun ga dalilin da ya sa ranar da na gaya wa Momi cewa Diran, sabon saurayina, likitan dabbobi ne, sai da ta yi rawa a kicin da ludayi a hannu.

"Allah ya amsa! Wannan kam ko ubanki bai so ba, kare zai so shi."

Diran dogo ne, baƙi, mai sanyin magana. Aibinsa ɗaya: bai iya ƙarya ba. In na yi kitso na tambaye shi ya yi kyau, sai ya tsaya yana nazari. Na ɗauka aure zai gyara shi.

Ana shirin zuwan manyansa don a san juna, sai Gomina ya kwanta. Ya daina ci, sai shan ruwa da amai, ya rame har ana ganin haƙarƙarinsa. Dadi ya ce zazzaɓi ne, ya dafa masa agbo, ɗacin ganyen nan da ya raine mu da shi, yana ɗura masa da cokali yana cewa, "Sha, yayyenka ma sun sha." Na kwatanta wa Diran a waya, ya ce in bar shi ya zo ya duba. Momi ta fizge wayar daga kunnena.

"Ɗana, ka ji ni da kyau. Ranar Asabar ba likita muke jira ba, suruki muke jira. Ka shigo, ka gaida uba, ka ci abinci, ka tafi. In ka ga kare ka ce masa sannu, ka ɗauke kai. Ka ji ko?"

"Na ji, ma."

"Maimaita."

Ya maimaita mata, har da sannun.

Ranar Asabar gidan nan ya ɗauki ƙamshi. Dafa-dukan shinkafa, soyayyar ayaba, naman akuya mai yaji, ga miyar ewedu tana jira. Na sha leshi ruwan zuma, buba da zani, Momi ta ɗaura min gwaggwaro ta matse har ina jin bugun zuciyata a kunne. Ita kuma ta fito da ashoken da ba ta sawa sai babban biki. Diran ya iso da mahaifiyarsa da baffansa, cikin farar babbar riga da ta sha sitaci, in ya motsa sai ta yi ƙara. Na leƙo ta labule na ce a raina, Arinola, wahalarki ta ƙare.

Kun san namijinmu ba ya gaida suruki a tsaye. Rub-da-ciki zai kwanta, ƙirji a ƙasa, har sai an ce ya tashi. Diran ya zube a gaban Dadi, kwanciya mai kyau, wadda ko a fim ba a fi ta ba. Abin da ba wanda ya lissafa shi ne, kan mutum in ya kai ƙafar Dadi, to ya kai ƙarƙashin kujerar Dadi. Ga Gomina kwance a kan matashinsa, hanci da hanci da likitan dabbobi.

"Tashi, ɗana," in ji Dadi.

Diran bai tashi ba.

"Na ce ka tashi, an karɓa."

Baffan ya gyara hula, ya dubi jama'a yana murmushi. "Kun ga tarbiyyar gidanmu ke nan. Ko an ce ya tashi, sai ya ƙara."

Ni daga bayan labule ina ganin abin da baffan bai gani ba. Hannun Diran ya sulalo daga cikin riga, ya ɗaga leɓen Gomina yana kallon dasashi. Ya matsa hancinsa ya shinshina bakin. Momi ta yi tari. Ta sake yin tari mai ƙarfi, har mahaifiyar Diran ta miƙa mata ruwa. Sai muka ji murya daga ƙasa:

"Dadi, yaushe rabonsa da abinci?"

Wayyo ni. Na ji gwaggwaron nan ya ƙara matse ni.

"Zazzaɓi ne," in ji Dadi. "Yana shan magani."

"Ba zazzaɓi ba ne, sa. Ƙodarsa nake zargi. Ku bar ni in ɗebi jini a gwada."

"In ƙodar ce fa?"

Jama'a, ku faɗa min, me zai ci mutum ya ce sai mu yi addu'a? Kalma huɗu! Amma Diran, yana kwance, haɓarsa a kan kafet, ya ce, "In ta kai inda nake tsoro, sai dai a sauƙaƙa masa, sa."

"A sauƙaƙa masa yaya?"

"Akwai allura. Barci zai yi, ba zai farka ba."

Dadi ya cire tabarau ya ajiye a hannun kujera.

"Ka shigo gidana neman ɗaya daga cikin 'ya'yana, kana kwance a ƙasana kana shirya yadda za ka kashe min ɗayan?"

Baffan, da kunnensa ba ya ji sosai, ya waiga wurin mahaifiyar Diran. "Wane yaro ne ba lafiya?" Ta raɗa masa. Ai kuwa sai ya kwashe da dariya ya bugi cinya.

"Kare? Haba surukina! In kare ne matsalar, gobe in aiko muku da biyu, manya, masu haushi."

Dadi ya sunkuya, da ciwon bayansa da komai, ya ciro Gomina daga ƙarƙashin kujera ya rungume, ya tsallake Diran da ke kwance, ya shige ɗaki ya murɗa makulli. Maƙwabta ne suka cinye shinkafar, har yau suna yaba ta.

Da yamma na tura wa Diran saƙo: "Mutum ya kwanta ya tashi, shi ne ya gagare ka?"

Ya amso: "Arin, da kin ji warin bakinsa. Yana shan wahala."

"Da ka toshe hanci."

"Ina sonki."

"Je ka gaya wa kare."

Na kife wayar na yi kuka. Gaskiya na ji haushinsa, na ji haushin Dadi, na ji haushin Gomina ma, Allah ya yafe min, na ce duk shekarun nan bai tashi ciwo ba sai da aurena ya zo. Washegari Dadi ya faɗa a teburin karin kumallo, ba tare da ya kalle ni ba, cewa muddin yana raye mai allurar nan ba zai sake taka masa gida ba.

Momi kuwa ba ta yarda an gama ba. Ranar da Dadi ya tafi taron dattawan coci, ta kira Diran ta shigo da shi ta ƙofar baya kamar mai gyaran famfo. Ya ɗebi jinin, ya yi wa Gomina allurar rage amai, ya shafa masa kai. Ni ina tsaye na harɗe hannu, ban gaishe shi ba. Yana haɗa jakarsa Momi ta riƙo masa riga ta rage murya.

"Ɗana, tunda ka riga ka zo, ka ƙarasa mana. Sai mu ce a barci ya tafi. Ni zan yi kukan, na iya."

"A'a, ma."

"Ba kai ka ce yana wahala ba?"

"Yana wahala. Amma jini na ɗiba da izininku. Wancan kuwa sai mai shi ya ce a yi da bakinsa. In na yi a ɓoye, da wane ido zan riƙa gaishe shi har ƙarshen rayuwata?"

"Wane gaishe shi? Wa ya ba ka matar da za ka gaishe shi?" Ta juyo kaina. "Arinola, duk mazan Ibadan ki rasa wanda za ki kwaso sai fasto?"

Sakamakon ya shigo wayata bayan kwana biyu. Ƙodar ta gama aiki. A ƙasa ya rubuta: "Ba zan matsa ba. Amma ki riƙa lura da shi lokacin da Dadi ba ya nan."

Na lura. Kullum da safe Dadi kan fita sayen jarida a bakin titi. Ƙofar gida na rufuwa sai Gomina ya fara wani kuka siriri, ba haushi ba, kuka daga ciki, jikinsa na karkarwa, yana son juyawa ya kasa. Da zarar ya ji ƙarar sakata, sai ya yi tsit, ya ɗaga kai da ƙyar, ya buga jela a ƙasa. Dadi ya shigo ya ce, "Kun gani? Yau ya fi jiya." Ranar na daina jin haushin Gomina, kunya ma na ji.

Faɗa wa Dadi da baki ɓata lokaci ne, zai ce mai allura ne ya aiko ni. Sai na ɗauki bidiyo, tun daga fitarsa har dawowarsa, na tura wa wayarsa. Muna gida ɗaya, bango ne kawai tsakaninmu. Dadi kuwa wayar nan tasa ban da amsa kira ba abin da ya iya da ita.

"Arinola! Zo ki ga abin nan ya yi ƙara."

Na je. Yana zaune a barandar baya da singileti da zani, Gomina a gefen ƙafarsa.

"Wa ya turo?"

"Ni ce, Dadi."

"Ke? Bakinki ciwo yake?"

Na buɗe masa na miƙa. Ya sa tabarau, ya nisanta wayar da fuskarsa yadda ya saba. Kukan ya fito daga wayar. Gomina na gaske ya ɗaga kunne ɗaya. Dadi ya kalla har inda aka ji sakata, aka ga kare ya haɗiye kukansa ya buga jela, aka ga ƙafafun Dadi sun shigo.

"Yaushe ne wannan?"

"Ɗazu, da kuka fita sayen jarida. Kullum haka yake yi."

"Sake sa min."

Na sake. Da ya ƙare ya daɗe yana kallon Gomina, sannan ya ce a hankali, "Ashe ladabi yake min." Ya goge tabarau da bakin zani, ya daɗe yana gogewa. "Kira min yaron nan. Ki ce ya zo da jakarsa."

Diran ya iso da yamma, daga wata gona, da rigar aiki mai warin awaki. Yana ganin Dadi ya fara sunkuyawa zai zube.

"Kada ka kwanta! Na ga abin da kwanciyarka ke jawowa. Tsaya a tsaye ka amsa min. Zai ji zafi?"

"A'a, sa. Allura biyu ce, ta farko barci za ta sa shi. Ta biyu ba zai san an yi ba."

"Ba wata hanya?"

"Zan iya ƙara masa ruwa ya ƙara 'yan kwanaki. Amma ku za ku ji daɗin kwanakin, sa, ba shi ba."

Momi da ke bakin ƙofar kicin ta dafe kai, na san a ranta ta ce ya sake ɓarowa. Ni ma haka na ce. Dadi ya gyaɗa kai ya ce, "Baƙo ba zai taɓa min shi ba."

Diran ya sunkuyar da kai ya ɗauki jakarsa.

"Wa ya ce ka tafi? Arinola, durƙusa nan. Kai ma durƙusa."

Muka durƙusa a kan siminti, kusa da bahon wanki, ni da tsohuwar rigar gida da hular barci a kai. Momi ta gane abin da ke shirin faruwa, ta taho da gudu.

"A nan? Da singileti? Baban Arin, ka rufa min asiri! Ankon da na raba wa matan coci fa? Mai hoto fa?"

Dadi ya kama hannuna ya sa a na Diran, ya yi addu'a gajeriya. "Na ba ka ita. Sauran bidi'ar ta uwarta ce, ta tara garin nan duka in ta ga dama. Yanzu kai ɗan gida ne, sai ka yi wa ƙaninka abin da ya dace."

Shekara nawa ina mafarkin wannan rana, 'yan uwa, da leshi da makaɗa. Ga ta ta zo, ƙafata ɗaya a cikin ruwan omo. Na rasa ko dariya zan yi ko kuka, sai na haɗa duka biyun.

Dadi ya shiga ɗaki ya fito da riga da hula.

"Dadi, ba za ku tsaya ba?"

"Kin taɓa ganin uban da ya tsaya a kan ɗansa?"

A wajenmu uba ba ya ganin gawar ɗansa, ba ya kuma sanin kabarinsa. Duk shekarun nan muna yi masa dariya da "autana, autana", ashe shi ba wasa yake ba. Ya durƙusa da ƙyar, ya kama kunnen Gomina yana murzawa.

"Ka jira ni, ka ji? Zan je in sayo maka hanta wurin mai tsire."

Jelar ta bugi ƙasa. Dadi ya miƙe ya fita bai waiga ba.

Ƙofa na rufuwa kukan nan ya fara. Na ɗora kansa a cinyata. Momi, wadda tun zuwan Gomina gidan nan ba ta taɓa kiransa da wani suna ba sai ƙazami, ta zauna dirshan a ƙasa ta kama ƙafarsa tana rera waƙar coci a hankali. Diran ya yi ta farko. Kukan ya ragu, ya ragu, karkarwar ta tsaya, na ji nauyin kansa ya sake a jikina. Rabon da in ga Gomina ya yi barci mai daɗi haka har na manta. Diran ya dube ni, na gyaɗa kai, ya yi ta biyu. Hawaye na ɗiga daga haɓarsa. Ya sa abin saurare a ƙirjin, ya daɗe, sannan ya cire daga kunne.

Momi ta tashi ta shiga ciki, ta fito da ashoken da ta sa ranar Asabar. Na ce, "Momi, ashokenku?" Ta harare ni da jajayen idanu ta ce in rufe mata baki, ai dama ya fara tsufa. Muka naɗe shi a ciki, Diran ya kai shi bayan motarsa, ya ce akwai fili a bayan asibitinsa, ƙarƙashin bishiyar mangwaro.

Yana rufe motar Dadi ya turo ƙofa. Bai kalli motar ba, ko kusa. A hannunsa akwai ƙunshi a takarda, mai ya ɓata gefe. Na ɗauka faɗa kawai ya yi don ya samu hanyar fita, ashe da gaske ya je ya sayo. Ya tsaya a tsakar gida yana kallon ƙunshin, ya rasa inda zai kai shi. Can ya miƙa wa Diran.

"Ci."

"Dadi, ba zan iya ba."

"Ni ma abin da na yi yau ban iya ba, amma na yi. Ci. Ba a sa yaji ba, shi ba ya son yaji."

Diran ya buɗe, ya tsaya a nan yana cin hanta yana kuka, Momi na bubbuga masa baya tana cewa ya tauna a hankali kada ya shaƙe kafin biki. Dadi ya jira har ya cinye. Sannan ya juyo gare ni, ya riƙe kafaɗata da ƙarfi.

"Arinola, kada ki gaya min inda aka kai shi. Ko na tambaye ki, ko na yi miki faɗa, kada ki faɗa. Yi min alkawari."

Na yi masa alkawari.

Yau da safe ya fita sayen jarida, ya dawo, ya buɗe sakata, ya tsaya a bakin ƙofa yana saurare. Ina shara a tsakar gida. Ya zo ya tsaya kusa da ni, ya rage murya don kada Momi ta ji.

"Arin, wurin da nisa?"